Tarihi Ta Ƙofar Gida: Nazari a Kan Fina-finan Terry George na Ƙasar Ailan

Gabatarwa

Duk marubucin da ya ɗauki alƙalami da niyyar ya mayar da wani abu da ya taɓa faruwa ya zama labari, akwai tambayoyi biyu da za su tare masa hanya tun bai cika shafin farko ba. Ta farko ita ce, ta wace ƙofa zai shigar da mai karatu ko mai kallo cikin al'amarin da ya shafi dubban mutane? Ta biyu kuma, ina ne iyakar abin da aka yarje masa ya sauya daga ainihin abin da ya auku, domin labarin ya yi armashi? Waɗannan tambayoyi su ne suka sa muka ga ya dace mu kawo wa 'yan'uwa marubuta nazari a kan Terry George, marubucin labarin fim ɗan asalin birnin Belfas na Ailan ta Arewa, wanda ya shafe shekaru yana tona tarihin ƙasarsa ta hanyar fim.

Za mu dubi fina-finansa guda huɗu da suka shafi rikicin ƙasar tasa. Abin da muke son nunawa shi ne, wannan marubuci hanya ɗaya ya riƙe tun daga farko har ƙarshe, wato yakan bar fagen daga da zauren majalisa ya shiga cikin gida, ya tsaya kusa da uba ko uwa ko matar aure. A nan ƙarfinsa yake, kuma a nan ne ya yi tuntuɓen da ya kamata mu lura da shi.

Ƙasar da rikicinta

Kafin mu shiga fina-finan, ya kamata mu share fage ga wanda bai san ƙasar ba. Ailan tsibiri ne a yamma da Ingila, kuma ya daɗe a ƙarƙashin mulkin Ingilishi. Tun daga shekarar 1609 aka fara kwaso mutane daga Ingila da Sikotilan, mabiya ɗariƙar Furotesta, ana ba su filaye a arewacin tsibirin, alhali 'yan ƙasa mafi yawansu mabiya ɗariƙar Katolika ne. A shekarar 1801 aka haɗe tsibirin da Birtaniya a ƙarƙashin majalisa ɗaya. Tsakanin 1845 da 1852 aka yi wata gagarumar yunwa da ta kashe kimanin mutum miliyan ɗaya, ta kuma kori wasu kimanin miliyan ɗaya zuwa ƙetare. Bayan boren 1916 da yaƙin neman 'yanci da ya biyo baya, sai aka raba tsibirin biyu a 1921. Kudu ta kama hanyar cin gashin kanta, gundumomi shida na arewa kuma suka ci gaba da zama cikin Birtaniya.

A waɗannan gundumomi shida 'yan Katolika suka zama marasa rinjaye, suna kukan ana nuna musu bambanci wajen aiki da rabon gidaje da shata mazaɓu. Zanga-zangar neman haƙƙi da suka fara a ƙarshen shekarun 1960 ta rikiɗe ta zama tarzoma, har aka kawo sojan Birtaniya kan tituna a watan Agusta na 1969. Daga nan aka shiga shekara kusan talatin ana zubar da jini tsakanin sojoji da 'yan sanda, da ƙungiyar IRA mai neman a haɗe tsibirin da ƙarfin bindiga, da kuma ƙungiyoyin 'yan bindigar Furotesta masu son a zauna da Birtaniya. Sama da mutum 3,500 suka rasa rayukansu kafin a ƙulla yarjejeniyar zaman lafiya ranar 10 ga Afrilu, 1998.

Wane ne Terry George?

An haifi Terry George a Belfas a shekarar 1952, ke nan yana cikin samartaka wutar ta kama. An fara kama shi a 1971, shekarar da gwamnati ta shigo da tsarin tsare mutane ba tare da shari'a ba. A 1975 aka sake kama shi a cikin mota tare da wasu masu ɗauke da makamai, aka yanke masa ɗaurin shekara shida a kurkukun Long Kesh. An sake shi a 1978, kuma a 1981 ya kwashi iyalinsa ya koma Amurka. A can ne ya rubuta wasan kwaikwayo na dandamali mai suna The Tunnel, a kan fursunonin Long Kesh da suka haƙa rami ta ƙarƙashin ƙasa don su tsere. Wannan wasa shi ne ya haɗa shi da Jim Sheridan, mai ba da umarni ɗan birnin Dabulin, wanda suka rubuta uku daga cikin fina-finan da za mu duba tare da shi.

Mun kawo wannan tarihi ne domin mai karatu ya san cewa mutumin da ya rubuta labarin kurkuku ya kwana a cikinsa. Ya san warin ɗakin, ya san yadda ranar ziyara take, ya kuma ga fuskar uwar da ta yi doguwar tafiya don ta ga ɗanta na rabin sa'a. Sai dai kuma wannan tarihi nasa ya zama sandar da masu suka a Ingila suka riƙa dukansa da ita, suna cewa ai ɗan gida ne, ba zai yi adalci ba.

Uba da ɗa: In the Name of the Father

Fim na farko, wanda za mu iya fassara sunansa da Da Sunan Uba, ya fito a 1993. An gina shi a kan littafin da Gerry Conlon ya rubuta na tarihin rayuwarsa. Ranar 5 ga Oktoba, 1974, ƙungiyar IRA ta tayar da bamabamai a mashaya biyu a garin Guildford na Ingila, mutum biyar suka mutu, huɗu daga cikinsu sojoji. 'Yan sanda suka kama matasa huɗu, Gerry Conlon da Paul Hill da Paddy Armstrong da Carole Richardson, suka matsa musu har suka sa hannu a takardun amsa laifi. A 1975 aka yanke musu ɗaurin rai da rai. Mahaifin Gerry, wato Giuseppe Conlon, ya tsallaka Ingila don ya nemar wa ɗansa lauya, sai shi ma aka kama shi a gidan 'yar'uwarsu Annie Maguire. Aka ɗaure mutum bakwai, har da ita da mijinta da 'ya'yanta biyu matasa, bisa zargin sun taɓa sinadarin haɗa bam. Giuseppe, wanda dama yana fama da ciwon huhu, ya rasu a tsare a watan Janairu na 1980. Sai a watan Oktoba na 1989 kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin matasan nan huɗu, bayan sun shafe kusan shekara 15 a kurkuku a kan laifin da ba su aikata ba.

Wani marubucin da aka ba wannan labari, da shari'ar zai sa a gaba, ya cika fim da takardu da lauyoyi. Terry George da abokin aikinsa sun zaɓi dangantakar uba da ɗa ta zama ƙashin bayan labarin. Sun nuna mana Gerry a matsayin ɗan iska mai satar dalma a kan rufin gidajen Belfas, wanda yake ganin mahaifinsa rago ne, mai yawan addu'a da sunkuyar da kai. Wurin da ya fi tsaya mana a rai shi ne inda aka fara haɗa su a ɗakin tsaro. Mai kallo yana jiran ɗan ya rungumi uban da ya shiga masifa saboda shi, sai ga shi ya tono wani tsohon miki: ranar da ya ci lambar yabo a wasan ƙwallo yana yaro, maimakon uban ya yi murna, sai ya tsare shi da tambayar ko ya yi maguɗi a wasan. Haƙiƙa wannan gwaninta ce. Mutane biyu suna fuskantar ɗaurin da zai cinye rayuwarsu, amma abin da ke cin ran yaron shi ne wata 'yar lambar ƙwallo. Duk wanda ya taɓa zama ɗa, ko ya haifa, ya san haka mutane suke.

Daga nan sai aka shigo da wani fursuna, Joe McAndrew, ɗan IRA wanda ya faɗa musu baki da baki cewa shi ne ya dasa bam ɗin. Gerry ya ɗauke shi tamkar uba na biyu, domin shi ba ya sunkuyar wa kowa. Ke nan yaron yana tsakanin uba mai haƙuri da rubuta wasiƙun neman adalci, da uba mai ramuwa da wuta. Ranar da McAndrew ya cinna wa wani gandiroba wuta a gabansa, ranar ya gane wane ne jarumi a cikin biyun. A cikin ɗakin kurkuku guda marubucin ya ɗora muhawarar da ta raba kan 'yan Katolikan arewa shekara da shekaru, wato tsakanin masu cewa a bi ta siyasa da shari'a da masu cewa sai da bindiga, ba tare da wani ya tashi ya yi lacca ba. Fim ɗin ya ci babbar lambar bikin fina-finai na Balin a 1994, an kuma sa shi takarar lambar Oscar a fannoni bakwai, ciki har da na rubutun labari.

Ina gaskiya ta tsaya?

To, a nan ne tambayarmu ta biyu ta taso. Gerry da mahaifinsa ba su taɓa zama ɗakin kurkuku ɗaya ba, ko da yake an taɓa tsare su a gidan yari guda. Joe McAndrew ƙirƙirarre ne. Abin da ya faru shi ne, wasu 'yan IRA da aka kama a Landan a ƙarshen 1975 sun bayyana a lokacin shari'arsu a 1977 cewa akwai marasa laifi da ke ɗaure a kan bam ɗin Guildford, amma hukuma ta toshe kunne. Haka kuma fim ɗin ya haɗa shari'ar matasan huɗu da ta iyalin Maguire a zama ɗaya, alhali daban-daban aka yi su. Mafi girma duka shi ne zaman kotu na ƙarshe, inda lauya Gareth Peirce ta miƙe ta ɗaga wata takardar shaida da aka ɓoye, ta yi ta faɗa har alƙali ya sallami waɗanda ake tuhuma. Gaskiya ne an ɓoye wa masu kare Gerry bayanin wani mutum da ya tabbatar ba ya wurin da abin ya faru. Amma a tsarin shari'ar Ingila na lokacin, lauya irinta mai shirya takardu ba ta da hurumin yin jawabi a gaban wannan kotu. Abin da ya rusa shari'ar shi ne binciken da wata rundunar 'yan sanda ta daban ta yi, wanda ya gano an yi wa rubuce-rubucen tambayoyin da aka yi wa matasan kwaskwarima, har lauyan gwamnati da kansa ya shaida wa kotu cewa ba za su ci gaba da kare hukuncin ba.

A ra'ayinmu waɗannan sauye-sauye ba nauyinsu ɗaya ba, kuma kuskure ne a yi musu kuɗin goro. Haɗa uba da ɗa a ɗaki ɗaya bai zalunci kowa ba. Sun yi zaman wahala a hannun hukuma ɗaya a kan ƙarya ɗaya, marubucin ya matso da su kusa ne kawai don mu ji abin da ke tsakaninsu. Wannan haƙƙin mai ƙaga labari ne. Amma zaman kotun ƙarshe wani abu ne daban. Jigon fim ɗin gaba ɗaya shi ne cewa hukuma ta gyara takardu don ta samu labarin da take so. Idan mai tona wannan asiri shi ma ya gyara abin da ya faru a kotu don ya samu tafi, to ya miƙa wa abokan hamayyarsa wuƙa. Haka kuwa aka yi, domin wasu jaridun Ingila sun bar maganar zaluncin suka koma lissafa kurakuran fim. Bugu da ƙari, mai kallo ya fita da tunanin cewa jaruma ɗaya ce ta ƙwato gaskiya a rana ɗaya, alhali shekaru aka yi iyalai da lauyoyi da 'yan jarida da malaman coci da tsofaffin alƙalai suna bugun ƙofa kafin ta buɗe. Gwamnatin Birtaniya ba ta nemi gafarar iyalan a bainar jama'a ba sai a 2005, ta bakin Firayim Minista Tony Blair. Gerry Conlon ya rasu a 2014.

Iyaye mata biyu: Some Mother's Son

Fim na biyu ya fito a 1996, kuma shi ne na farko da Terry George ya ba da umarni da kansa. Ma'anar sunan ita ce, kowane ne dai, ɗan wata uwa ne. Ya shafi yajin ƙin cin abinci na 1981. A 1976 gwamnati ta janye matsayi na musamman da take bai wa fursunonin rikicin, ta ce daga yanzu masu laifi ne kamar ɓarayi, sai sun sa kayan fursuna. Suka ƙi, suka zauna tsirara suna lulluɓe da bargo. Daga 1978 suka daina wanka, suna shafa bayan gidansu a bango. Da duk wannan bai yi ba, sai suka shiga yajin cin abinci ɗaya bayan ɗaya. Jagoransu Bobby Sands ya ci zaɓen ɗan majalisar Birtaniya yana kwance a kurkuku, da ƙuri'a sama da 30,000, ya kuma rasu ranar 5 ga Mayu, 1981, bayan kwana 66 bai ci komai ba. Firayim Minista Margaret Thatcher ta ƙi sassautawa. Mutum goma suka mutu kafin a janye yajin ranar 3 ga Oktoba.

Ga jarumi a shirye, wanda kimanin mutum 100,000 suka raka gawarsa, amma marubucin ya ajiye shi a gefe. Ya ƙago mata biyu. Kathleen Quigley malamar makaranta ce da mijinta ya rasu, ba ruwanta da siyasa, ba ta ma san ɗanta Gerard ya shiga IRA ba sai da aka kama shi. Annie Higgins kuwa manomiya ce mai zafin kishin ƙasa, wadda sojoji suka riga suka kashe mata ɗa guda, ga na biyu Frank a tsare. Ba jininsu ɗaya ba, hanyar kurkuku ce ta haɗa su. Dokar da labarin ya rataya a kanta ta gaskiya ce: idan mai yajin ya suma, danginsa na kusa suna da ikon sa hannu likita ya ba shi abinci. A zahiri ma sa hannun da iyalai suka riƙa yi yana cikin abubuwan da suka kawo ƙarshen yajin.

Mu malamai da muke rainon 'ya'yan mutane, muka kuma haifi namu, wannan fim ya fi sauran taɓa mu. An ɗora wa uwa zaɓin da babu mai daɗi a ciki. In ta sa hannu ta ceci ran ɗanta, amma ta ci amanar abin da ya ba da ransa dominsa, wataƙila ya tashi ya tsane ta. In ta ƙi, ta mutunta nufinsa, ta kuma zuba ido ya mutu. Kathleen ta sa hannu, ɗan Annie kuma ya rasu. Abin yabo shi ne fim ɗin bai ce wannan ta yi daidai waccan ta yi kuskure ba. A ganinmu wannan shi ne mafi tsafta a cikin ayyukan Terry George ta fuskar riƙon amanar tarihi, domin ya bar ranaku da mace-mace yadda suke, ya saka mutanen da kowa ya san ƙagaggu ne a tsakiya. Babu wanda zai zo ya ce Kathleen ba ta faɗi kaza ba, tunda babu Kathleen.

Wannan dabara ba baƙuwa ba ce a wurinmu. A littafin Shaihu Umar na Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda Adamu Halilu ya mayar fim a 1976, mai karatu yana sanin ɗacin cinikin bayi ne ta hanyar uwar da ta ratsa hamada tana neman ɗanta. Idan kuma muka kwatanta da fim ɗin Hunger na 2008, wanda Steve McQueen ya yi a kan wannan yaji, za mu ga shi jikin Bobby Sands ya sa a gaba, yana nuna yadda yake ƙarewa kullum. Wancan ya nuna abin da mai yajin ya yi wa kansa, na Terry George kuma ya nuna abin da ya yi wa mahaifiyarsa.

Bayan an ajiye bindiga: The Boxer da The Shore

Fim na uku, wato Ɗan Dambe, ya fito a ƙarshen 1997, 'yan watanni bayan IRA ta sake tsagaita wuta, kuma kafin yarjejeniyar 1998. Danny Flynn ya fito daga kurkuku bayan shekara 14, ya juya wa ƙungiya baya, ya sake buɗe wurin koyar da dambe da ke karɓar yaran ɗariƙun biyu. Budurwarsa ta dā, Maggie, ta auri wani wanda shi ma yana ɗaure. A nan marubucin ya taɓo abin da ba a cika faɗa ba, wato yadda unguwa take tsare matar fursuna. An mayar da ita tuta, ana yi mata kirari a taro, amma duk namijin da ya kalle ta sau biyu yana iya rasa gwiwarsa. Mahaifinta shugaba ne a IRA mai neman sulhu, na ƙasa da shi kuma, Harry, yana ganin sulhu cin amanar waɗanda suka mutu ne. Wannan karon marubucin cikin gidansu ya juyo da fitila, ya nuna cewa masu cewa suna yaƙi don jama'a su ma suna danne jama'ar. Raunin fim ɗin shi ne ƙarshensa, inda aka kashe Harry sai hanya ta buɗe wa masoya. Rikicin da ya yi shekara talatin ba ya warwarewa da mutuwar mugu ɗaya, kuma fim mai wa'azin ajiye makami bai kamata ya nemi mafita a bakin bindiga ba.

Bayan wannan Terry George ya fita waje. Ya yi Hotel Rwanda a 2004, a kan manajan otal da ya ba mutum sama da 1,200 mafaka a lokacin kisan ƙare dangi na 1994, da The Promise a 2016 a kan kisan Armeniyawa. Ko a Ruwanda ma ta ƙofar iyali ya shiga, kuma tsohuwar matsalar ta bi shi, domin wasu daga cikin waɗanda suka tsira a otal ɗin sun musanta yadda aka zana tauraron. A 2011 ya koma gida ya yi gajeren fim na kimanin rabin sa'a, The Shore, wato Bakin Teku, tare da 'yarsa Oorlagh, suka kuma ci lambar Oscar da shi a 2012. Labarin wani mutum ne da ya dawo daga Amurka bayan shekara 25, yana jin nauyin haɗuwa da amininsa da kuma budurwar da ya gudu ya bari, waɗanda suka auri juna a bayansa. Babu bam, babu soja, har da ban dariya a ciki. Kowannensu ya shekara 25 yana zaton shi ne ya ci amanar ɗan'uwansa, da suka zauna sai abin ya zama na hawaye da dariya. Wanda ya fara da ramin tserewa daga kurkuku, ga shi ya zo ga tsofaffi biyu suna yafe wa juna.

Waɗanda ba a shiga gidansu ba

Duk da yabon da muka yi, akwai babban giɓi a waɗannan ayyuka, kuma daga dabarar marubucin ya samo asali. Wanda aka shiga gidansa aka ga uwarsa, shi ne mutum a idon mai kallo. Wanda aka bari a waje kuwa, yunifom ne kawai. A fina-finan nan gidajen 'yan Katolika kaɗai muka shiga. 'Yan Furotesta, waɗanda su ne suka fi yawa a Ailan ta Arewa a shekarun rikicin, kusan ba mu ji muryarsu ba, balle mu san abin da suke tsoro. Jami'an gwamnatin Birtaniya a fim na biyu an zana su da fuska ɗaya, masu sanyin zuciya da ƙulla makirci. Mutum biyar ɗin da suka mutu a Guildford mun gan su na 'yan daƙiƙoƙi a farkon fim na farko, daga nan ba a sake waiwayarsu ba, alhali su ma matasa ne, kuma rashin hukunta masu laifin na gaskiya zalunci ne a kan iyayensu. Sunan fim na biyu ya yi alkawarin cewa kowa ɗan wata uwa ne, amma uwar gandiroba da uwar soja ba su samu shiga ba.

Ba muna cewa dole marubuci ya raba shafukansa daidai wa daida kamar mai rabon gado ba. Kowa ya fi sanin gidansu, kuma wanda ya yi zaman Long Kesh ba za a hana shi faɗin abin da ya gani ba. Abin da muke cewa shi ne mai kallo ya san ɗaki ɗaya aka buɗe masa a gida mai ɗakuna da yawa. Wanda duk iliminsa na rikicin Ailan daga waɗannan fina-finai ya samo shi, to ya ji ɓangare ɗaya ne na shari'a, ko da yake an faɗe shi da gaskiyar zuciya.

Kammalawa

A taƙaice, mun ga yadda Terry George ya ɗauki rikicin ƙasa ya mayar da shi maganar uba da ɗa, da ta uwa da ɗa, da ta mace da unguwarta, har mutanen da ba su san inda Belfas take ba suka zubar da hawaye. Ga ɗan'uwa mai sha'awar rubuta labari a kan tarihi, shawararmu daga wannan nazari ita ce ya fara neman gidan da abin ya faɗa wa, ya zauna da mutanen ciki har ya san abin da suke faɗa a kansa idan baƙo ya tafi. In zai ƙaga, ya ƙagi mutane da hirarsu yadda ya ga dama, amma ranaku da hukunce-hukunce da abin da mutum mai suna ya yi ko bai yi ba, ya bar su yadda suke, musamman idan zargi yake yi. Sannan kafin ya rufe littafin, ya leƙa gidan abokin gaba ko sau ɗaya, ya ga ko akwai wata uwa a can ita ma tana jiran ɗanta. Muna fatan 'yan'uwa da suka kalli waɗannan fina-finai za su aiko da nasu ra'ayin, ko da ya saɓa wa namu, domin a fitowa ta gaba mu ƙaru da juna.